Aikin manajan shirin fim: amsa ga wata ɗaliba daga Tudun Wadan Zariya

Tambayar da aka aiko: "Ina aji 3 a sashen koyon aikin jarida na Jami'ar Ahmadu Bello, gidanmu yana Tudun Wada. Ina son harkar fim da talabijin, amma ba na son fitowa gaban kyamara. An ce mini akwai aikin furodakshan manaja. Mene ne ainihin aikin? Ana cin abinci da shi? Dole sai na koma Kano? Kuma mahaifina ko sunan fim ba ya son ji."

Ƙanwata, sannu da karatu, Allah Ya ba da sa'a. Na ji daɗin tambayarki ƙwarai, domin yawancin matasan da ke zuwa wurinmu jarumta suke nema, wasu kaɗan kujerar darakta. Da wuya a samu mai tambayar wannan aikin, alhali shi ne babban giɓin da ke cikin sana'armu.

Furodusa shi ke nemo kuɗi, kuma fim nasa ne. Darakta shi ke da alhakin abin da mai kallo zai gani. Manaja kuwa shi ke karɓar labarin da ke kan takarda ya mayar da shi kwanaki, da mutane, da motoci, da abinci, da naira, sannan ya tsaya a kai har a gama ba tare da kuɗin sun ƙare a tsakiyar hanya ba. Idan kin taɓa lura da uwar biki a gidan aure, wadda mabuɗin sito ke ɗaure a bakin zaninta, ta san buhun shinkafa nawa ya rage da inda baƙin nesa za su kwana, to kin ga kwatancin aikin. Abin takaici, a yawancin ayyukanmu na Hausa furodusa ne ke haɗa wannan da nasa, ko ya ɗora ƙaninsa, ko a laƙaba sunan ga yaron da ake aike sayo ruwan leda. Daga nan ake samun fim ɗin da aka tsara wa kwana 10 ya ci 18, a tashi ana bin furodusa bashi ta ko'ina.

Abin da nake so ki fara riƙewa shi ne kuɗin yini guda. Duk ranar da aka fita lokeshan akwai abin da sai an biya: hayar kyamara da fitilu da kayan sauti, janareto da mansa, motoci, masauki, abinci sau 3, da sallamar ma'aikata. Ko fitowa 12 aka ɗauka a ranar, ko guda 1 tak, kuɗin nan ba sa raguwa. Saboda haka manajan da ya san aikinsa yana iya faɗa miki nawa yininsa ke ci ko daga barci aka tashe shi, kuma duk shawarar da zai yanke da wannan lissafin yake auna ta. Jaruma ta makara awa 3, ya san nawa aka ƙona. Darakta yana son a koma wani ƙauye saboda fitowa guda, ya san farashin wannan sha'awar, kuma zai faɗa masa cikin ladabi kafin a tada mota.

Mafi yawan aikin ana gama shi tun kafin a kunna kyamara. Za ki zauna da rubutun labarin ki bi shi fitowa bayan fitowa, kina fitar da duk abin da ke ciki: su wa ke ciki, ina ne wurin, dare ne ko rana, ciki ne ko waje, wane kaya suka sa, me suka riƙe, akwai mota, akwai doki, akwai jariri, akwai taron jama'a. Marubuci zai rubuta layi ɗaya, "Aka ɗaura aure a ƙofar gida." A wurinsa layi ne. A wurinki kuwa mutum 50 ne masu manyan riguna, da tabarmi, da rumfa, da goro da alewa, da abincin ranarsu, da izinin mai unguwa, da rabin yini. Idon da ke ganin wannan a cikin layi ɗaya shi ake horarwa, kuma ba ya samuwa sai da yawan yi.

A tsarin rubutun fim da aka saba, shafi 1 yana ba da kimanin minti 1 a allo, kuma masu tsara jadawali kan kasa shafi gida 8 don su auna tsawon kowace fitowa. A ce labari shafi 90 ne, kuma ma'aikatanki na iya ɗaukar shafi 6 a yini, kin ga kwana 15 ke nan. Amma shafi ba ɗaya yake da shafi ba. Mutum 2 zaune a falo suna magana, ana iya cin shafi 8 kafin la'asar. Rabin shafi na faɗa a kasuwa zai iya cinye yini sukutum.

Daga nan sai jadawali. Ba a ɗaukar fim bisa jerin labari. Ana tara duk fitowar da ke gida ɗaya a ɗauke su a jere, ko da ɗaya a farkon labari take ɗaya a ƙarshe, domin kwashe kaya daga wuri zuwa wuri shi ya fi komai cin lokaci. Sannan a duba jarumai. Babban jarumin da zai zo daga Kano ya ba ki kwana 3 kacal, to dole duk fitowarsa su shige cikin kwanakin nan, ki juya sauran jadawalin a kansu. Wannan ne ya sa mai kula da kontiniti yake da muhimmanci, shi ke tuna cewa hular da aka sa ranar Litinin ita za a sa ranar Alhamis tunda a labarin yini ɗaya ne. Kowane dare kuma za ki fitar da takardar kiran aiki ta gobe: wa zai zo, ƙarfe nawa, ina, wace fitowa, wace mota za ta ɗauke shi. Yanzu ta WhatsApp ake turawa, amma ni dai ina kiran direba da mai abinci baki da baki, don su biyun nan idan suka makara kowa ya makara. A ƙasashen waje akwai manhajoji irin su Movie Magic da ake wannan tsarin da su. Ke dai ki iya Excel sosai, ya ishe ki shekaru.

Yanzu bari mu zo gida. Zariya gari ne mai kyau a kyamara, kuma ba a ci moriyarsa yadda ya kamata ba. Akwai ganuwa da ƙofofi irin su Ƙofar Doka da Ƙofar Gayan, akwai zaurukan cikin birni masu zane, akwai Masallacin Juma'a da Babban Gwani ya gina a shekarun 1830, ga Dutsen Kufena, ga tsofaffin gine-ginen 'yan reluwe a Sabon Gari, ga harabar jami'a a Samaru, ga gonaki da rugage da zarar kin nufi Giwa ko Soba. Cikin tafiyar rabin awa za ki samu birni da ƙauye da daji. Amma kowane wuri da halinsa, kuma sanin halin nan shi ne jarin manajan da ya tashi a garin. Wajen Palladan da kewayenta ƙananan jiragen Kwalejin Horar da Matuƙa Jirgin Sama, wadda aka kafa a 1964, suna shawagi da rana, kuma makirfo ba ya yafe musu. Kusa da Kwangila ƙarar tireloli ba ta yankewa. A cikin birni za ki samu gida mai kyau, amma maƙwabci yana da injin markaɗe. Shi ya sa idan kin je duba wuri, ki je a daidai lokacin da za a yi ɗaukar, ki tsaya shiru minti 5 kina saurare. Ki duba inda za a ajiye janareto nesa da makirfo, da inda motoci za su tsaya, da banɗaki, da wurin alwala da sallah, da ɗakin da mata za su sauya kaya. Ki tambayi asibiti mafi kusa.

Yanayi ma yana cikin lissafi. Daga Disamba zuwa Fabrairu hazo kan rufe sararin sama, ƙura na shiga kayan aiki, kuma fitowar da aka fara ranar da gari ya washe ba za ta haɗu da wadda aka ƙarasa cikin hazo ba. A Agusta kuwa marka kan hana fita yini guda. Don haka duk ranar da kika tsara aikin waje, ki riƙe wata fitowar cikin ɗaki a hannu wadda za a koma mata idan hadari ya taso. Ranar Juma'a rabin yini ce, ki rubuta ta a haka tun farko. Da azumi kuma ƙarfin mutane na safe ne da bayan tarawihi.

Izini kuwa ta ƙofa ake nemansa. Kafin ki kai kyamara wata unguwa, a je a gai da mai unguwa, a faɗa masa abin da za a yi da kwana nawa za a yi. A ƙauye a bi ta dagaci, idan aikin babba ne har hakimi. A sanar da ofishin 'yan sanda na yankin a rubuce, musamman idan akwai fitowar da za a sa kaki ko a riƙe bindigar wasa, domin wanda ya hango daga nesa bai san fim ake yi ba. Duk abin da ya shafi fada ko hawan sallah sai da izinin masarauta. Kada ki bari a ɗaga kyamara kusa da barikin soja, ko na Basawa ko Defo. Jirgin ɗaukar hoto mara matuƙi kuma yana buƙatar izinin hukumar kula da sufurin jiragen sama ta ƙasa, balle a garin da ke da filin jirgi da barikoki.

A nan kasancewarki mace riba ce babba. Gidajen cikin birni da yawa namiji baƙo iyakarsa zaure. Maigida zai iya amsa wa furodusa cewa an ba da gida, amma matan gidan ne za su yini a takure, an hana su daka, an hana yara kuka, an kashe musu rediyo. Ke za ki shiga har tsakar gida ki zauna da uwargida, ki faɗa mata gaskiyar awa nawa za a yi, ki ji lokacin girkinta ki tsara aiki a kansa, ki tabbatar wani abu ya shiga hannunta ita ma. Na ga gidajen da aka rufe wa 'yan fim ƙofa har abada saboda an bar su da shara da karyayyar kujera ba ko sallama. Gidan da aka fita aka bar shi fes, da kansu suke kiran a dawo.

Sai maganar kuɗi, wadda a kanta sunan manaja ke tashi ko ya faɗi. Kasafin da za ki rubuta ya ƙunshi komai har katin waya da ruwan sha, sannan ki ware kashi 10 cikin 100 na abin da ba a zata ba, kuma kada ki taɓa shi don wani ya ga kyakkyawar mota yana so a saka a fim. Kada ki manta da kuɗin bayan ɗauka, wato tacewa da gyaran sauti da launi da kiɗa da fassarar da ake rubutawa a ƙasan allo. Furodusoshi da yawa suna cinye komai a lokeshan, sai aiki ya kwanta wata da watanni a kwamfutar edita don babu abin biyansa. Duk naira da ta fita ki rubuta ta a ranar, da rasit idan akwai, idan babu wanda ya karɓa ya sa hannu. Kowane dare ki tura wa furodusa lissafin yini: fitowa nawa aka tsara, nawa aka ɗauka, nawa aka kashe, nawa ya rage. Kada kuɗin aiki su kwana a asusunki na kanki tare da naki.

Yarjejeniya kuma a rubuta ta, ko da shafi 1 ne da Hausa: kwana nawa, nawa za a biya, nawa ne kafin alƙalami, yaushe za a cika. Mutanenmu suna jin nauyin wannan, sai a ce ai mu 'yan'uwa ne. Yawancin gabar da na gani a sana'ar nan daga wannan jin nauyin ta faro. Yaro ƙarami kuma ba a sa shi a fim sai da amincewar iyayensa, kuma wani nasa ya kasance a wurin.

Akwai abin da nake roƙonki a kai tun yanzu. Babban jarumi ba ya rasa haƙƙinsa, don yana da bakin magana kuma ana tsoron ya ƙi zuwa gobe. Waɗanda ake dannewa su ne yaron fitila, da mai riƙe sandar makirfo, da direba, da matar da ta dafa abinci da jarinta, da mutanen unguwa da aka tara suka yini a rana. Su ake ce wa a dawo bayan fim ya fita. Idan kuɗi a hannunki suke, ki fara sallamar waɗannan. Haƙƙi ne da Allah zai tambaya, kuma su ne za su tashi tsakar dare su fito miki ranar da kika shiga matsala. Abinci ma kada ki yi wasa da shi. Ma'aikatan da ba su karya ba har azahar ba za su ba ki aikin kirki ba, kuma kowa ya ci iri ɗaya. Abu na ƙarshe a kowane yini, kada ki kwanta sai kin ga an kwafe katin kyamara a had-dis 2 daban-daban, kuma ba su kwana a jaka ɗaya ba.

A gidan talabijin tushen ɗaya ne, sai dai agogo ya fi tsanani. Shiri yana da ranarsa da mintocinsa, ko an shirya ko ba a shirya ba lokaci zai yi. Manaja ke riƙe jadawalin situdiyo, da baƙin da za a gayyato, da motar fita ɗauko rahoto, kuma yana ƙoƙarin a ce kullum akwai shiri 2 ko 3 a ajiye gaba. Ga albashi duk wata, wanda harkar fim ba ta da shi.

Dokoki kuma aikinki ne ki san su. Hukumar tace fina-finai ta ƙasa an kafa ta a 1993, hukumar kula da gidajen rediyo da talabijin a 1992, hukumar tace fina-finai ta Jihar Kano kuma a 2001. Ko a Zariya kika yi ɗauka, matuƙar jarumanki da kasuwarki suna Kano, dokar Kano za ta same ki. A 2025 hukumar Kano ta dakatar da shirye-shirye masu dogon zango 22 saboda batun kai su tacewa kafin a sake su. Lokacin tacewa da kuɗinta suna shiga jadawali tun ranar farko.

Ana cin abinci da shi? Ana ci, amma ba kullum tukunya ke kan wuta ba. Tun da kasuwar faifai ta Ƙofar Wambai ta durƙushe saboda satar fasaha da tura fim a waya, harkar ta koma kan shirye-shirye masu dogon zango a YouTube da tashoshi irin su Arewa24, wadda ta fara aiki a 2014. Wannan sauyin ya ƙara wa manaja daraja, domin shirin da ke fita duk mako ba ya yiwuwa da tsarin "Allah Ya kai mu gobe". Amma biyan na aiki-aiki ne, wata ki samu, wata ki zauna. Waɗanda suka tsaya da ƙafafunsu su ne masu haɗawa da tallace-tallacen kamfanoni, da shirye-shiryen wayar da kai na ƙungiyoyin lafiya da noma da ilimi. Irin waɗannan sun fi biya, kuma sharaɗinsu shi ne kasafi a rubuce da rasit da rahoto cikin Turanci. Nan digirinki zai yi miki rana, don masu iya wannan kuma su iya zama da dagaci ba su da yawa.

Batun komawa Kano, ba yanzu ba. Gaskiya ne ofisoshi da masu ba da hayar kaya da manyan jarumai suna can, musamman wajen Zoo Road, kuma dole wata rana ki san mutanen. Amma Kano wajen kilomita 150 ce daga nan, Kaduna kuma wajen 80, kina iya zuwa aiki ki dawo. Kuma makarantar farko tana gabanki. Sashen wasan kwaikwayo na jami'arku tun tsakiyar shekarun 1970 yake fita da wasa zuwa ƙauyukan kewaye irin su Bomo, kuma ɗalibansa kullum suna neman mai riƙe musu tsari. 'Yan ajinku ma za su yi aikin fim na kammala karatu, kowa zai so kyamara ko darakta, ke ki ce a ba ki kuɗi da jadawali. Cibiyar faɗakar da manoma ta NAERLS da ke Samaru tana shirya wa manoma shirye-shiryen rediyo da talabijin. Lokacin SIWES, wato horon sanin makamar aiki da ake tura ɗalibai, ki nemi NTA Kaduna ko KSMC, gidan rediyo da talabijin na Jihar Kaduna, ko wata tasha mai zaman kanta, ki roƙi a haɗa ki da sashen shirye-shirye maimakon ɗakin labarai. Idan daga baya kina son ƙarin karatu, Jos na da Cibiyar Koyar da Fim ta Ƙasa da Kwalejin Talabijin ta NTA. Da wuya a ba ki manaja kai tsaye. Za ki fara da mataimakiya, mai kiran mutane da rabon abinci da riƙe rasit, kuma a wannan matakin ake gane wanda za a iya danƙa wa kuɗi.

Mahaifinki kuma, kada ki ɗauki damuwarsa a matsayin rashin wayewa. Ya ji labarai, wasunsu gaskiya ne, kuma tsoronsa a kan mutuncinki ne: kwana a wani gari, da dawowar dare, da cuɗanya da waɗanda bai sani ba. Kada ki fara komai a ɓoye. Ki nemi wani babba da yake jin maganarsa, kawu ko malaminki na jami'a, ku je tare. Ki nuna masa takardun aikin da idonsa, kasafi da jadawali, ya ga lissafi ne da tsari. Ki fara da aikin da ake yi cikin gari a dawo gida kafin magariba, ko na gidan talabijin. Duk aikin da zai kai ki kwana, ya san sunan furodusa da masaukin da matan da za ku zauna tare. Furodusan da ya ƙi zuwa ya gai da mahaifinki, ko ya ce ki zo otal da dare a tattauna aiki, ki bar aikinsa ko nawa ne. Idan kuma Baba ya ce a'a a yanzu, ki yi haƙuri ki ci gaba da koyo a cikin makaranta, inda ba shi da ja.

Wannan hutun ki samu rubutun wasa mai shafi 10 daga wani ɗalibin sashen wasan kwaikwayo. Ki fitar da duk abin da kowace fitowa ke buƙata, ki tsara shi a kwana 2, ki nemo wuraren da ƙafarki tsakanin Tudun Wada da cikin birni. Sannan ki tambayi farashin gaske: mai hayar kyamara, mai janareto, direban bas, mai abinci, kowa ki ji ta bakinsa ki rubuta. Idan kin haɗa jimla, ki cire kashi 1 cikin 4 na kuɗin, ki sake tsarin yadda labarin zai fita a hakan ba tare da an taɓa abincin ma'aikata ko sallamarsu ba. Takardun nan guda biyu, na farko da na bayan ragi, su za ki riƙa a hannu ranar da za ki je neman aikin mataimakiya.